Daga ordonans zuwa jijiya: yadda ake tare kuskuren magani a asibitocinmu na arewacin Kamaru

A wata damina, cikin Satumba, lokacin da zazzaɓin cizon sauro ke cika ɗakin yara har a kwantar da biyu a gado ɗaya, na shigo da sirinji a hannu na kira, "A'isha!" Wata uwa ta amsa, ta miƙo hannun 'yarta. Har na kama robar da ke jijiyar, sai ta ce a hankali, kanta a sunkuye, "Likita, ai ba a daɗe da yi mata ba." Na koma na duba takarda. A'isha biyu ne a ɗakin, ɗaya kilo 9, ɗaya kilo 17, kuma abin da na zuƙo na babbar ne. Da matar nan ta yi kawaicin da aka saba yi a gaban mai farar riga, da ƙaramar ta sha allura ta biyu cikin sa'a guda, kuma kusan ninkin rabonta.

Ba jahilci ne ya kai ni ba, na san maganin, na san lissafinsa. Tun daga ranar nake lura cewa kuskure yakan kutso ne a wurin da magani ke sauya hannu: daga bakin mara lafiya zuwa alƙalamin likita, daga alƙalami zuwa farmasi, daga farmasi zuwa ledar mai jinya, daga leda zuwa hannun nas, daga nas ɗin rana zuwa na dare. A watan Maris 2017 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙaddamar da wani shiri a birnin Bon na Jamus da nufin rage mummunar illar kuskuren magani da rabi cikin shekara biyar, ta kuma ƙiyasta cewa irin wannan kuskure na cinye dala biliyan 42 a duniya kowace shekara. Manyan asibitocin Turai sun jingina da kwamfuta. Mu a Garwa, Marwa, Gider ko Kuseri, biro muke da shi, da karne, wato ɗan littafin asibiti na mara lafiya, da ido. Don haka jagorar nan za ta bi magani ne a kan hanyar da yake bi a wurinmu, mashiga bayan mashiga.

Mataki na farko: wane ne a gabanka?

Suna ɗaya ba ya isa a ƙasar da kowane ɗaki ke da Muhammadu uku da Fadimatu biyu. Lambar gado ma ba ta isa, domin ana sauya wa mutane gado da dare ba tare da an gaya wa kowa ba. Ka haɗa abu biyu ko uku: sunan mara lafiya, sunan mahaifi ko mahaifiya, da shekaru ko unguwa. Kuma kada ka faɗi sunan ka jira a ce "na'am". Tsoho mai nauyin ji, ko matar da Fulatanci ko Mafa kawai take ji, za su gyaɗa kai ga duk abin da ka faɗa. Ka tambaya: "Baba, yaya sunanka?" "Inna, yaya sunan yarinyar, kuma 'yar wane ce?" Su faɗa, kai ka duba takarda.

Mataki na biyu: me aka riga aka sha?

Da wuya mutum ya zo asibiti bai taɓa komai ba. Ya sayi ƙwaya a teburin bakin kasuwa, maƙwabciya ta ba shi ragowar nata, an dafa masa saiwa. In ka tambaya da faɗa, za a ce maka ba a sha komai ba. Ka sassauta murya: "Hajiya, kafin ku zo me kuka ba shi don jikin ya yi sauƙi? Kwalin yana nan?" Sau da yawa yana ƙulle a bakin zane.

Abin da na fi cin karo da shi parasitamol ne mai suna uku. Uwa ta ba da Panadol da aka kawo daga Mubi, ta ƙara da Doliprane, mu kuma mu rubuta Efferalgan, alhali duk abu ɗaya ne, hanta ce ke ɗaukar nauyin. Haka diklofenak da ibuprofen a cikin dattijo mai gyambon ciki. A lokacin damina akwai tambayar da ba a tsallakewa: yaron ya sha maganin rigakafin zazzaɓi da ake rabawa gida-gida a wannan watan? Tun 2016 ake ba yara 'yan wata 3 zuwa 59 a jihohin Arewa da Arewa Mai Nisa haɗin sulfadoksin-pirimetamin da amodiyakin. Yaron da ya sha shi, in zazzaɓi ya kama shi, ba a sake ɗora masa maganin da ke da amodiyakin, artemeta-lumefantirin ake ba shi. Wanda kuma yake kan Bactrim, maganin ƙwayoyin cuta dangin sulfadoksin, ba a haɗa masa da sulfadoksin.

Sai batun maganin da jiki ba ya karɓa. Kalmar "alaji" ba kowa ya san ta ba. Ka ce, "Akwai maganin da ya taɓa sa maka borin jini, ko kumburin fuska, ko saɓar fata da gyambon baki?" In an ce akwai, a rubuta shi da jan biro a bangon karne, ba a shafi na bakwai ba. Mace kuma a tambaye ta batun ciki da shayarwa, a keɓe, ba a gaban surukarta ba.

Mataki na uku: sikeli

An ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima. A ɗakin yara rabin farko na karin maganar kawai za ka riƙe. Yaro ɗan shekara uku da tamowa ta taɓa zai iya zama nauyin ɗan shekara ɗaya. A auna kowane yaro ranar da ya shigo, a rubuta kilo a saman takardar jinya da kan ordonans, wato takardar da likita ke rubuta magani a kai. Ordonans ɗin yaro da ba nauyi a kai, mai farmasi yana da haƙƙin mayar da ita.

Mataki na huɗu: rubutu

A nan yankinmu yana da matsalar da ba kowa ke da ita ba, domin muna zaune tsakanin rubutu iri biyu. Wanda ya yi karatu da Faransanci waƙafi yake sawa, ya rubuta 0,5. Takardar da ta fito daga Yola ko Maiduguri ɗigo ne, 0.5. Waƙafi ko ɗigo, in biro ya yi gardama ya ɓace, rabi ya koma biyar. Don haka kullum a sa sifiri a gaba, kada a rubuta ,5 tsirara. Kuma kada a sa sifiri a baya: 5,0 na iya zama 50. A insulin kada a taƙaita da harafin U, domin 4U a idon mai gyangyaɗi 40 ne. A rubuta kalmar a cike.

Gajerun kalmomi ma haka. Takardun Najeriya na zuwa da bd, tds, qds, wato sau biyu, sau uku, sau huɗu a rana, kuma ba kowane nas ɗinmu ya san su ba. Namu kuma akwai "c à c" da "c à s", ƙaramin cokali mai mililita 5 da babba mai 15. Harafi ɗaya ne tsakaninsu, amma ninki uku ne a cikin jariri. Ni dai shawarata a bar maganar cokali gaba ɗaya, a rubuta miligiram, sannan mililita.

Ordonans cikakkiya tana ɗauke da sunan magani na asali ba na kamfani ba, ƙarfinsa, adadin da za a bayar, ta wace hanya, sau nawa, kwana nawa. "Ampul ɗaya", wato ƙaramar kwalbar allura ɗaya, ba umarni ba ne, tunda jentamisin akwai mai 80 mg akwai mai ƙarfin yara, kuma kwalbarsu kusan ɗaya. In ba ka iya karanta rubutun likita ba, kada ka yi canke. Ka je ka same shi. In ta waya ya ba da umarni, ka rubuta nan take, ka karanta masa abin da ka rubuta, lamba ɗaya-ɗaya: "sha biyar, ɗaya da biyar". Na san akwai likitocin da ke ɓata rai in ƙaramin ma'aikaci ya tambaye su. Ɓacin ran na minti biyu ne.

Mataki na biyar: farmasi da leda

A yawancin asibitocinmu dangi ne ke karɓar ordonans su je su sayo. In babu a farmasin asibiti, inda kayan CENAME, cibiyar samar da magunguna ta ƙasa, ke zuwa, sai a fita gari. In kuɗi bai kai ba, sai a sayo rabi, ko mai shago ya ce "ga irinsa". Daga nan magani ya shiga leda, ya kwanta ƙarƙashin gado tare da kwanon tuwo. Wannan ledar ita ce mashigar da aka fi sakaci da ita.

Duk abin da mai jinya ya kawo, nas ya zazzage shi a kan tebur ya gwada da ordonans ɗaya bayan ɗaya: suna, ƙarfi, ranar lalacewa, ko an taɓa buɗe shi, ko ruwan ya sauya launi. Wanda aka sayo a tebur ko a bayan babur, ba ya shiga jijiya, ko da mai shi zai yi rantsuwa. A 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta yi gargaɗi kan wani maganin tari na yara mai suna Naturcold da aka samu a Kamaru, ɗauke da gubar dayetilin gilaikol mai kashe ƙoda. Kwalinsa ba ya nuna komai. Sannan a rubuta sunan mara lafiya a jikin ledar, kuma a gaya wa mai jinya a fili: "Malam, kada ka ba shi komai daga nan sai mun zo, kada kuma ka ara wa na kusa da ku." Aron magani tsakanin gado da gado alheri ne a idon mutanenmu, shi ya sa sai an faɗa.

Mai farmasi kuma ya raba magungunan da suka yi kama a kan kanta, kada jerin haruffa ya sa su zama maƙwabta. Wanda ya kusa lalacewa shi ne a gaba.

Mataki na shida: haɗa allura

Nan zan daɗe, don nan ne hannunmu ke shiga kai tsaye. Ka karanta jikin kwalba sau uku: lokacin ɗauka, lokacin zuƙa, lokacin ajiyewa. Da dare in an ɗauke wuta, ka haska da tocila ka karanta, kada ka dogara da siffa ko launin murfi. Kama da wane ba ta wane. Mutum ɗaya za ka haɗa wa, ka je ka yi masa, ka dawo. In dole ne ka jera sirinji a faranti, kowanne ya sami filasta mai suna, magani da adadi. Sirinjin da ba rubutu, ko kai ka zuƙa, in ka yi shakka ka zubar. Wanda wani ya zuƙa ya tafi, ba naka ba ne. Kuma mai haɗa magani ba a yi masa hira, ba a miƙo masa waya. Majo, wato shugaban nas-nas na ɗaki, ya kafa wannan doka, ya fara bin ta da kansa.

Ɗauki artesunat, allurar zazzaɓin cizon sauro mai tsanani, wanda muke yi fiye da kowace allura daga Agusta zuwa Oktoba. Kwalba mai 60 mg ana fara narka ta da mililita 1 na bikarbonat ɗin da ke cikin kwalin, a girgiza har ruwan ya washe. In na jijiya ne, a ƙara mililita 5 na ruwan gishiri, kowace mililita ta zama 10 mg. In na tsoka ne, mililita 2 ake ƙarawa, kowace mililita ta zama 20 mg. Ka ga wanda ya haɗa na tsoka ya yi lissafin na jijiya ya ninka magani. Yaron da bai kai kilo 20 ba 3 mg ake ba shi a kowane kilo, daga kilo 20 zuwa sama 2,4 mg. Yaro mai kilo 12 ke nan 36 mg, wato mililita 3,6 ta jijiya, a cike ta zuwa 4. Ana yi a sa'ar farko, bayan sa'a 12, bayan sa'a 24. Wanda aka haɗa bai wuce sa'a ɗaya a ajiye, ba a ɗaga ragowa don allurar dare. A duba kwalin kuma, domin akwai mai 30 mg da mai 120 mg, ruwan haɗinsu ba ɗaya ba ne. Kuskuren da aka fi yi da artesunat ma ba yawansa ba ne, mantuwa ce: allurar sa'a 12 ta faɗo ƙarfe uku na dare, ba wanda ya tashi.

Kinin ba a tura shi kai tsaye a jijiya, har abada. Cikin ƙarin ruwa mai suga yake tafiya, tsawon sa'a huɗu, ana lura da faɗuwar sugan jini. A kula da abin da aka rubuta a ampul, domin wasu na lissafi da gishirin kinin, wasu irin Quinimax da tsantsarsa. Lissafin ɗigo kuwa, da robar manya mai ɗigo 20 a mililita, ka raba yawan ruwan da sa'o'i sau uku: mililita 500 a sa'a 4, 500 raba 12, kusan ɗigo 42 a minti. Ka tsaya da agogo ka ƙirga. Ka kuma roƙi mai jinya kada ya taɓa maƙullin robar, don akwai masu buɗewa wai ruwan ya ƙare da wuri a tafi gida.

Magungunan da ba sa yafiya

Akwai 'yan kaɗan da kuskure ɗaya a cikinsu ya isa. Waɗannan mutum biyu ne ke duba su, kowa ya yi lissafinsa daban sannan a gwada. In ka ce wa abokin aiki "mililita biyu ne ko?", zai ce e ne kawai, wannan ba dubawa ba ce.

Potasiyam, KCl, ƙaramin ampul ne mai ruwa garau, kamarsa ɗaya da na NaCl da na ruwan haɗa allura. In ya shiga jijiya ba a tsarma ba, zuciya tsayawa take. Kada ya kwana a farantin allura ko aljihun riga. A kulle shi daban, da jan filasta.

Insulin akwai mai 40 a mililita akwai mai 100, kowanne da sirinjinsa. In aka zuƙi mai 100 da sirinjin 40, an ba da ninki biyu da rabi.

Magneziyam salfet na masu jijjigar ciki yana zuwa da ƙarfi daban-daban, wani 50%, wani ƙasa da haka sosai, don haka da giram ake lissafi, ba da yawan ampul ba. Kafin kowace allura ta gaba a duba abu uku: numfashi ya kai 16 a minti, gwiwa na harbawa in an buga, fitsari ya kai mililita 30 a sa'a. In ɗaya ya gaza, a dakata a kira likita. Kalsiyam gulukonat, wanda shi ne makarinsa, ya kasance a ɗakin, ba a farmasin da aka kulle ba.

A ɗakin tiyata, a 2022 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ja kunne kan rikita ampul ɗin tiranekzamik asid, na tsayar da jini, da na bupibakayin da ake yi a ƙashin baya lokacin fiɗar haihuwa. An rasa mata ta wannan hanya. Kada su haɗu a tebur ɗaya. Seftiriyakson kuma, allurar kashe ƙwayoyin cuta, ba ya bin roba ɗaya da ruwan Ringer, saboda kalsiyam ɗin da ke ciki, balle a jariri sabon haihuwa.

Zafi da firij

Wanda ya yi Afrilu a Garwa ko Njamena ya san zafin da ke haura digiri 40, alhali yawancin kwalaye an rubuta a ajiye su ƙasa da 25 ko 30. Oksitosin, na tsayar da jini bayan haihuwa, da insulin da alluran rigakafi tsakanin digiri 2 da 8 suke so. Oksitosin da ya yi makonni a aljihun tebur a ɗakin haihuwa yana nan kamar lafiyayye, sai ranar da jini ya ɓalle a gane ba shi da ƙarfi. A duba ma'aunin firij safe da yamma a rubuta. Firij ɗin rigakafi kuma na rigakafi ne kaɗai. A Siriya a 2014 yara 15 sun mutu saboda an haɗa rigakafin ƙyanda da wani maganin saki tsoka a maimakon ruwan haɗinsa. Rigakafin ƙyanda da aka haɗa, bayan sa'a 6 zubarwa ake.

Miƙa aiki

A bakin gado ake yi, ba a bakin ƙofa da jaka a kafaɗa ba. Gado bayan gado: me aka ba shi, ƙarfe nawa, me ya rage, me aka dakatar. A sa hannu bayan an ba da magani, ba kafin ba, kuma nan take, ba a tara sai ƙarshen aiki. In ba a bayar ba, a rubuta dalili, ko da dalilin shi ne dangi ba su sayo ba.

Sallama

Rabin magani a gida ake shan sa, inda ba mu nan. "Sau uku a rana" ba ya nufin komai ga wanda ba ya ɗaura agogo. Ka ɗaure shi da salla: asuba, azahar, lisha. Ka zana a jikin leda, rana da wata, da sanduna adadin ƙwaya. Coartem, wato artemeta-lumefantirin, sau biyu ne a rana har kwana uku, na biyu bayan sa'a 8 da na farko, kuma da abinci mai maiƙo ko madara ake sha, kada a tsaya don zazzaɓi ya sauka. Maganin ruwa a nuna da sirinji ko ma'aunin da ya zo a kwalinsa, a ja layi a inda za a tsaya. Ma'aunin Doliprane na yara ba ya aiki a Efferalgan, ƙarfinsu ba ɗaya ba ne. Na gari kuma, irin amoksisilin, a nuna layin da ruwa zai tsaya, ruwan da aka tafasa ya huce. In watan azumi ne, ka tambaya kai tsaye ko zai yi azumi, musamman mai ciwon suga, don a gyara lokutan tun a nan.

Daga ƙarshe kada ka ce "kin gane?" Za ta ce ta gane. Ka ce, "Inna, in kin koma gida maigida ya tambaye ki, yaya za ki ce masa ana ba da wannan?" In ba ku jin yaren juna, a nemo mai fassara babba, ba yaron da ya rako ta ba.

In an riga an yi kuskuren

Ka tsayar da maganin, ka bar robar a jijiya don za a buƙace ta. Ka duba numfashi, bugun jini, hawan jini da suga. Ka kira likita ka faɗi abin da ya faru yadda yake: wane magani, nawa, ta ina, ƙarfe nawa. Kada ka jefar da ampul ɗin. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma likitan da aka ɓoye wa gaskiya zai yi ta maganin ciwon da babu shi. A gaya wa dangi cikin natsuwa, babba a cikin ma'aikata ya yi maganar. A rubuta a takardar jinya, in kuma illa ce ta maganin kansa ko ana zargin jabu ne, a cike takardar rahoton illar magani a tura gunduma.

Majo da ke tsawa a gaban jama'a ba zai sake jin labarin kuskure ba, zai dai riƙa ganin gawa. A ɗakinmu littafi muka ajiye wanda ba a sa suna a ciki, ana rubuta har wanda aka tare kafin ya faru, mu karanta a taron safiyar Litinin mu tambayi ta ina ya shigo. Labarin A'isha biyu shi ne na farko a shafin. Abin da ya fito daga zaman, filasta ce: kowane yaro da aka kwantar ana manna masa ita a hannun da ba roba, da sunansa, sunan mahaifiyarsa da nauyinsa, kuma masu suna ɗaya ba sa kwana a layi ɗaya.